Ɗalhatu Mai Lamba Bakwai

Ɗalhatu, Allah ya jiƙansa, ya yi shekara goma sha ɗaya a Doha, kuma a cikinsu ko sau ɗaya bai taɓa neman hutun Sallah ba. 'Yan ɗakinsu a unguwar Fereej Abdel Aziz tun daga Sha'aban suke fara zarya a ofishin kamfani, kowa yana so a rubuta masa hutu ya yi Idi a gida. Shi kam sai ya bar musu. Nasa hutun a ƙarshen Oktoba yake karɓa, lokacin da babu mai so, ya tafi gida ya shiga laka.

Garinsu, Kwarin Tsamiya, yana bakin wani babban kanal, wato magudanar ruwan noma, da gwamnati ta haƙa tun yana ƙarami. Filayen noman rani da ke shan ruwan kanal ɗin suna hannun ƙungiyar gama kai ta manoman garin. Duk wanda ya shiga ƙungiyar ana ba shi lamba, kowace lamba kuma da filinta. Mahaifin Ɗalhatu yana cikin mutum goma sha biyun da suka kafa ta, shi ya sa lambarsa bakwai. Da ya rasu sai Ɗalhatu ya gaje ta. A lokacin lambobi sun haura ɗari huɗu, ga kuma masu jiran layi, don haka in aka kira bakwai a taro har dattawa sai sun waiga.

Ƙungiyar tana da wata doka tun asali. Kowace shekara, bayan ɗaukewar damina kafin a saki ruwan rani, ana sa rana guda ta yasar kanal. A ranar ake sare ciyawar kacalla, a kwashe laka, kowa a auna masa gaba ashirin. Mai lamba da kansa zai shiga, ba aike. Tsoho da mara lafiya da matar da mijinta ya rasu kaɗai aka yarda su tura wakili. Wanda ya fashi yasa shekara biyu a jere, an cire shi. An kafa dokar ne saboda ma'aikatan birni da suka so su riƙa karɓar filaye suna turo 'yan ƙwadago, kuma Ɗalhatu yakan faɗa da alfahari cewa mahaifinsa ne ya kawo shawarar.

Sauran watannin shekara, Haladu ne yake noma filin. Ɗan ƙanin mahaifinsa ne, gida ɗaya suka tashi, kuma har yanzu iyalansu tsakar gida ɗaya suke shara. Haladu ba shi da lamba, yana cikin masu jira. Shi yake shuka alkama da tumatir, in an girbe ya kai wa Basiratu, matar Ɗalhatu, rabonta da na 'ya'yanta mata biyu.

A Doha, Ɗalhatu gadi yake yi a wani ɗakin sanyi na kayan gwari a unguwar Abu Hamour. Mutum ne dogo, mai magana a hankali, ba ya ci da yawa, kuma in ya ga sabon zuwa daga gida sai ya raka shi har inda ake yanka layin waya. Yana zaune a bakin ƙofa motoci na shiga da albasa da tumatir daga ƙasashe daban-daban, sai ya ɗauki ɗaya ya juya shi a hannu ya faɗa maka ko an cika masa ruwa ko an tsinke shi da wuri. Babu wanda ya tambaye shi, amma sai ya faɗa.

Abokinsa na kusa shi ne Bawah, direba, ɗan Zongon Kumasi, wanda yake kwana a gadon da ke saman nasa. Bawah ne ya laƙaba masa Alhajin Laka. Duk shekara in Ɗalhatu yana haɗa jaka sai ya leƙo daga sama ya ce mutane suna tafiya gida da turare da dabino, shi kuwa zai biya kuɗin jirgi don ya je sauro ya cije shi. Wata shekara Ɗalhatu ya sayi dogon takalmin roba don shiga ruwan. Da ya dawo Bawah ya tambaye shi yadda takalmin ya yi, sai ya ce bai sa ba, ya ji kunya, kowa ƙafa tsirara ya shiga.

Daga nan annobar korona ta zo. A shekarar farko fita daga ƙasar ba wuya, dawowar ce babu tabbas, kuma kamfani ya faɗa musu ƙarara cewa wanda ya tafi kada ya ɗauka aikinsa na jiransa. Ɗalhatu ya zauna. Ya buga wa shugaban ƙungiya waya ya yi masa bayani, shugaban ya ce ai kowa ya san halin da duniya take ciki, Allah ya kawo sauƙi. Ɗalhatu ya ɗauki wannan a matsayin uzuri. Shi kuwa sakatare ya rubuta fashi ɗaya a rajista.

A shekara ta biyu ya shirya tun da wuri. Ya yi riga-kafi, ya yanki tikiti, ya sayi tsarabar 'ya'yansa mata. Saura kwana biyu ya tashi ya je gwajin da ake yi wa matafiya, sakamako ya nuna yana ɗauke da cutar, alhali ko tari ba ya yi. Aka killace shi. Ranar yasa yana kwance a wani ɗaki mai taga ɗaya, yana kallon hotunan da Haladu ya turo masa. Haladu ya gama masa gaba ashirin ɗinsa tas, kamar yadda ya yi bara, amma ba a lissafa aikin wakili ga mai lafiyar ƙafa.

A taron Disamba aka karanta sunayen mutum uku da aka cire, har da lamba bakwai. Ba a aiko masa da takarda ba, ba a kira shi ya kare kansa ba. A bakin Basiratu ya ji. Ita ce kuma ta gaya masa, bayan ta yi ta kewaye-kewaye, cewa an bai wa na farko a layin jira filin, kuma na farkon Haladu ne.

Ɗalhatu bai yi faɗa ba, ba halinsa ba ne. Ya daina ɗaukar wayar Haladu kawai. Kwana uku yana zuwa aiki yana dawowa bai ce wa kowa komai ba, har sai da Bawah ya zaunar da shi a wurin mai shayin karak ya matsa masa.

A wurin aikinsu akwai wani mai kula da sito, Moidin, mutumin Kerala ta ƙasar Indiya, wanda yake da labari a kan kowane abu. Da ya ji zancen sai ya ajiye abin da yake yi. Cikin Larabcinsu na kasuwa, haɗe da Turanci da nuni da hannu, ya ce a garinsu wannan ba abin damuwa ba ne. Akwai wata irin ƙara da suke kira rit, wadda ake kai wa babbar kotu kai tsaye, ba sai an bi ƙananan ofisoshi ba. Kotu tana kiran hukumar da ta yi maka ba daidai ba, ta soke abin da ta yanke, ta tilasta mata ta mayar maka da haƙƙinka. Ya ce bankin gama kai na ƙauyensu ya taɓa cire kawunsa daga mamba ba tare da an saurare shi ba, kawun ya kai rit, wata uku aka mayar da shi, har shugaban bankin ya zo gida ba da haƙuri. Khalas, in ji shi, wato shi ke nan.

Wannan labari ya shiga ran Ɗalhatu. Abin da ya fi burge shi shi ne zuwan shugaban gida ba da haƙuri.

Wani ɗan garinsu ya haɗa shi da lauya a babban birnin jiharsu. Lauyan mutumin kirki ne, bai ɓoye masa komai ba. Ya ce a Najeriya ma akwai irin wannan ƙarar, amma an yi ta ne don hukumomi, wato gwamnati da ma'aikatunta da duk wanda doka ta ɗora wa aikin jama'a. Ƙungiyar gama kai kuwa taron mutane ce da suka haɗa kansu suka rubuta dokokinsu. Ya ce ya karanta dokokin nasu, kuma a ciki an rubuta cewa wanda aka cire yana da kwana sittin ya kai kuka ga Daraktan ƙungiyoyin gama kai na jiha, wanda zai zaunar da ɓangarorin biyu. Can ne ƙofarsa, kuma kwanaki na tafiya.

Ɗalhatu ya ce a'a. Yana da hoton takardar rajistar ƙungiyar a wayarsa, wadda take rataye a ofishinsu tun yana yaro, da tambarin gwamnati a samanta, gaggafa da dawaki biyu. Ya tura wa lauyan. Ya ce gwamnati ce ta haƙa kanal, ita take sakin ruwa, ita ta buga wannan tambari, to ta yaya za a ce ƙungiyar ba tata ba ce?

“Malam Ɗalhatu,” in ji lauyan, “fasfo ɗinka ma akwai wannan tambarin. Kai gwamnati ne?”

Bawah, da yake jin wayar daga saman gado, ya yi dariya har da buga katako. Ɗalhatu bai yi ba. A ganinsa ofishin Darakta wurin sulhu ne, inda za a ce kowa ya yi haƙuri, a sha ruwa a tashi. Shi ba sulhu yake so ba. So yake alƙali ya rubuta da hannunsa cewa an yi kuskure, a karanta a gaban taro, a wurin da aka karanta sunansa. Lauya ya ce akwai 'yar hujjar da za a iya gwadawa, tunda ruwan na gwamnati ne, amma shi bai ba ta ƙarfi ba. Ɗalhatu ya ce a gwada. Aka shigar da ƙara a Fabrairu, kwana sittin ɗin kuma suka wuce.

Daga ranar da sammaci ya isa Kwarin Tsamiya komai ya tsaya. Dattawan da a da za su iya zama su duba lamarin ɗan abokinsu suka ce magana tana kotu, bakinsu ya rufe. Tun da aka kafa ƙungiyar ba a taɓa kai ta ƙara ba, kuma mutane sun ji zafin cewa ɗan mai lamba bakwai ne ya fara. Basiratu ta rage zuwa biki da suna. Haladu bai fasa aiko mata da buhun alkama ba, ita kuma ba ta gaya wa mijinta daga ina yake zuwa ba. Shi ma bai tambaya ba.

Ta roƙe shi sau da yawa ya zo gida ya zauna da dattawa, ko da ƙarar na nan. Ya ce sai an yi hukunci. Aka ɗage zama sau huɗu. Da ya fara sassautowa a watan Satumba, sai kamfani ya liƙa sanarwa cewa babu hutu ga kowane mai gadi har sai an gama gasar cin kofin duniya. Aka ɗauke shi daga Abu Hamour, aka ba shi sabuwar riga, aka kai shi ɗaya daga ƙofofin filin wasa na Al Rayyan. Yasar wannan shekarar ma ta wuce ba shi, amma yanzu babu mai rubuta masa fashi.

Ranar da aka yanke hukunci wasan rana ake yi. Tun hantsi yake tsaye yana nuna wa mutane hanya, masu fenti a fuska, masu tutoci, masu ganguna, yana cewa yalla, yalla, wato ku zo ku wuce, yana murmushi kamar yadda aka koya musu. Wayarsa tana aljihu a kashe. Sai da aka shiga aka fara wasa, ƙofa ta yi tsit, aka ba su minti ashirin su ci abinci. Ya zauna a inuwar shinge ya kunna waya, ya tarar da saƙon murya daga lauya.

Lauyan ya ce alƙali bai ma shiga maganar ko an zalunce shi ko ba a zalunce shi ba. Ya ce ƙungiyar ba hukuma ba ce, rajista da tambari ba sa mai da ita hukuma, shan ruwan gwamnati ma haka. Cire mamba lamari ne tsakaninta da mambanta, kuma tunda dokokinsu sun tanadi inda ake kai irin wannan kuka, can ya kamata ya fara zuwa. Kotu ba ta da hurumi. An kori ƙarar.

Ya saurara sau biyu. A cikin fili aka ci ƙwallo, ihu ya taso har ƙasa tana rawa. Ya rufe robar shinkafarsa bai ci ba, ya koma bakin ƙofa.

Da Moidin ya ji, sai ya sosa kai ya ce gaskiya a garinsu ma wani lokaci kotu takan karɓa, wani lokaci ta ƙi. Da ya tuna sosai, a maganar kawunsa wani jami'in gwamnati ne ya sa hannu a takardar korar, kuma jami'in aka kai ƙara, ba bankin ba. Bawah ya so ya ci masa mutunci, Ɗalhatu ya hana. Ya ce Moidin labari ya bayar, shi ne ya ɗauka.

Lauya ya ce ba a rasa komai duka ba. Ana iya roƙon Darakta ya karɓi kukan duk da lokaci ya wuce, kuma rashin aiko masa da takarda hujja ce mai ƙarfi. Ya turo masa takardar ya sa hannu. Ɗalhatu ya riƙe ta mako biyu. Ranar wata Juma'a bayan an sauko daga masallaci, ya tsaya a bakin titi ya kira Haladu, karo na farko cikin shekara guda.

Suka gaisa kamar jiya suka rabu. Ya tambayi yara, ya tambayi ruwa, ya tambayi ko tsuntsaye sun dami alkama. Sannan ya gaya masa zai kai magana gaban Darakta.

“To, Yaya,” in ji Haladu. “In an mayar maka, ni dai zan ci gaba da noma maka kamar da.”

“Ba filin nake nema ba, Haladu. Ka riƙe filin. Lambar Baba nake so.”

“Na sani. Na tambaye su tun bara. Sun ce babu lamba ba fili.”

Can Haladu ya ce, “Da na ƙi karɓa, na bayana za a ba, ɗan wani gida. Na ga gara ya zauna a gidanmu.”

“Da ka gaya mini.”

“Na kira, Yaya. Ba ka ɗauka ba.”

Bawah yana gefe yana jiran su tafi cin abinci. Ya ɗauka maganar ta ƙare ke nan, za a yaga takarda. Amma da suka koma ɗaki Ɗalhatu ya ɗauki biro ya sa hannu, ya ɗauki hotonta ya tura wa lauya. Ya ce shi bai ƙi Haladu ba, kuma ya san in ya ci, ɗan'uwansa zai koma layin jira bayan shekara goma sha ɗaya yana wahala a filin. Ya san wannan, yana kuma yi masa ciwo. Amma ba zai iya zama a ce a hannunsa lambar ta mutu ba. Haka yake. Mutum ne mai sauƙi a kan komai, sai wannan abu ɗaya.

Aka gama gasa, aka kwashe tutoci, ya koma kujerarsa a Abu Hamour. Ofishin Darakta ya karɓi kukan ya sa rana a watan Yuli. Ɗalhatu ya nemi a matso masa da hutunsa, aka yarda. Ya sake kiran Haladu sau biyu ko uku, ba su ƙara tayar da zancen ba.

Wata Talata a Fabrairu, da misalin ƙarfe goma na safe, ya buɗe wa wata mota ƙofa, ya dawo ya zauna, ya ce wa Moidin ƙirjinsa ya yi nauyi. Kafin motar asibiti ta iso ya daina magana. Likitoci suka ce zuciya ce. Yana da shekara arba'in da shida. Aka yi masa sallah washegari bayan la'asar, aka binne shi a maƙabartar da ke nan Abu Hamour, ba nisa da inda ya yi gadi. 'Yan Arewa da 'yan Zongo suka cika sahu uku. Bawah ne ya shiga kabarin ya karɓe shi, da ya fito kuma sai da aka riƙe shi. Har yau bai yarda an ba wani gadon ƙasa ba, shi ya sauko ya koma ciki.

Ranar zaman ta zo bayan Basiratu ta fita takaba da 'yan kwanaki. Ba ta san birnin ba, don haka Haladu ne ya kai ta, shi da ake ƙara a kan filinsa, ya biya mota, ya nemo ofishin, ya zauna a benci ɗaya da ita. Shugaban ƙungiya da sakatare suna ɗaya gefen da rajistarsu.

Jami'in da ya zauna a madadin Darakta ya yi mata ta'aziyya, sannan ya yi mata bayani a hankali. Ya ce magada suna da damar ci gaba da maganar. Ya ce bai yanke komai ba tukuna, amma cire mutum ba a aika masa takarda ba, ba a ji ta bakinsa ba, abu ne da ofishinsu ba ya ɗauka da wasa. In aka mayar da sunan mamacin, lambar da filin za su koma ga 'ya'yansa, ita kuma a matsayinta na wadda mijinta ya rasu tana iya tura wakili ranar yasa.

Ta tambaya, to Haladu fa? Jami'in ya ce zai koma cikin masu jira.

Ta san abin da mijinta ya so, ta fi kowa sani. Ta kuma san wanda za ta tura wakili in an ba ta, da wanda zai noma, da wanda zai tsaya wa 'yan matan nan ranar da za a zo neman aurensu.

“Ranka ya daɗe, a bar maganar,” ta ce. “Shi ya tafi. Mu ne a gidan.”

Haladu ya ce mata ta sake tunani, kada ta yi don shi. Ta ce ta yi tunanin wata huɗu da kwana goma. Jami'in ya sake tambayarta sau ɗaya, sannan ya rubuta layi biyu, ya ba ta ta dangwala, ya rufe fayil.

A taron da ya biyo baya sakatare ya ja layi a kan lamba bakwai. Dattawa suka ce ba za a sake bai wa kowa ita ba. Filin yana nan a sunan Haladu, a lamba ɗari huɗu da goma sha tara, kuma bana ma alkama ya shuka.

Allah ya yafe wa Ɗalhatu, ya sanyaya masa makwanci a ƙasar da ya mutu baƙo, ya raya abin da ya bari.